Gwamnati ta karɓe ma'aikatarmu, ina shekaruna 23 za su tafi?

Magazinye_Bilbis: Assalamu alaikum jama'ar zaure. Ina da tambaya, yau kwana huɗu ke nan ta hana ni barci. Ni magazinye ne a wata ma'aikata mai zaman kanta nan Tawa, tun 2002 makullan sito ke hannuna. Watan jiya anka tara mu tsakar gida, wani mutum da ya zo daga Yamai ya karanta takarda, ya ce daga yau wurin ya koma hannun gwamnati, masu shi na da sun sauka, kowa ya ci gaba da aikinshi. Munka tafa, munka koma bakin aiki. Sai da na iso gida uwargida ta aje mini tuwo ta ce, "To Malam, ritayarka fa?" Na rasa abin da zan ce mata. Shekarata 57, saura uku in aje aiki. Wasu abokan aikina na cewa mun zama fonksiyoner, wato ma'aikatan gwamnati, asusun ritayarsu CARENI za ta biya mu. Wasu na cewa lissafi ya koma sifili, daga ranar da gwamnati ta karɓa za a fara ƙirga. Idan haka ne, shekara 23 da anka yi ana yankar albashina ina ta tafi? Don Allah wanda ya sani ya faɗa mini gaskiya ko da mai ɗaci ce.

Dan_Garkawa: Wa alaikumus salam Baba. Ai barka za a yi maku. Wanda gwamnati ta ɗauka ya huta, fansho har mutuwa, ba patoron da zai kore ku da rana tsaka. Ku kwantar da hankalinku.

Kwantabil_Yamai: Dan_Garkawa, yi haƙuri, ba haka abin yake ba, kuma irin wannan barka ita ke sa mutum ya kwanta har lokaci ya wuce. Alhaji Magazinye, ni shekara 16 ina haɗa albashin ma'aikata, bari in ware maku zare da abawa. A Nijar asusun ritaya biyu ne. Akwai CARENI, wadda ta gaji tsohon asusu FNR, ita ta fonksiyoner ce, waɗanda suka shiga aikin gwamnati da matirkil, wato lambar ma'aikacin gwamnati. Akwai CNSS, wadda muke ce wa Kes, ita ta duk ma'aikacin da ke ƙarƙashin dokar ƙwadago ce. Gwamnati ta mallaki kamfani bai mai da ma'aikatansa fonksiyoner ba. Ku duba NIGELEC ta wutar lantarki, ku duba Niger Telecom: na gwamnati ne, amma ma'aikatansu Kes suke zubi. Kai, ko cikin minista akwai direbobi da masu gadi da masinjoji da ake ce wa oksiliyer, su ma Kes ke biyan su ritaya. To ku kuna nan inda kuke, lambarku ta Kes ba ta canza ba. Kuma shekarunku ba a aljihun tsohon patoro suke ba, suna cikin rajistar Kes da sunanku. Ko wuri goma mutum ya yi aiki, lamba ɗaya ce, watanni ne ake tarawa. Maganar komawa sifili ba ta da tushe a nan ɓangaren.

Magazinye_Bilbis: Alhamdu lillahi. Allah shi yi maka albarka ɗana. Wallahi har na ji numfashina ya sauka.

Kwantabil_Yamai: Amin Alhaji, amma kada ku sauke shi duka tukuna. Na ce shekarunku na cikin rajista, in har an kai su can. Wannan "in" ɗin ita ce maganar duka. Kowane wata ana yanke kashi 5,25 cikin 100 na albashinku saboda ritaya, mai aiki kuma ya ƙara kashi 6,25 daga aljihunsa. Misali albashi jika 200, ana cire maku jika 10 da rabi, shi ya ɗora jika 12 da rabi, ya kai Kes tare da takardar sunayen ma'aikata. Yankewa abu ɗaya ne, kaiwa abu ne daban. Na sha ganin bilitin, wato takardar albashi, da aka rubuta CNSS ɓaro-ɓaro, an cire kuɗin, amma ba su taɓa fita daga ofishin patoro ba. Gobe da safe ku tafi Kes ta nan Tawa da katinku, ku ce a fitar maku da relebe, takardar da ke nuna watannin da aka zuba maku tun 2002. Ku zauna ku gwada ta da bilitin ɗinku shekara bayan shekara.

Maman_Hadiza: Wayyo, wannan magana ta taɓo mini ciwo. Mahaifinmu, Allah ya jiƙansa, gadi ya yi a wani wuri shekara 19. Sau biyu wurin yana canza hannu, kowane sabon mai shi ya ce kada ku damu, komi na nan. Da ya kai 60 muka raka shi, ma'aikaciyar ta juyo da fuskar kwamfuta ta nuna mana da yatsa: shekara 7 kawai aka taɓa zuba masa. Sauran 12 babu. Ina tsaye bayansa na ga ya cire hularsa ya riƙe a hannu, bai ce uffan ba har muka fito bakin titi. Watanninsa ba su kai na fansho ba, sai kuɗi dunƙule aka ba shi sau ɗaya, ya sayi buhun hatsi da tunkiya biyu, shi ke nan. Mutumin da ya ci kuɗin ya daɗe da barin ƙasar. Baba Magazinye, don Allah kada ku jira jibi.

Dan_Garkawa: Allah ya jiƙan Baba. Na janye maganata, ban san haka abin yake ba.

Hajiya_Wadata: Amin ya Allah. Maman_Hadiza, Allah ya isar masa.

Tsohon_Delege: Kwantabil ya yi bayani mai kyau amma rabi ya faɗa. Na yi delege, wato wakilin ma'aikata, shekara 11, kuma abin da na ga yana ɓacewa lokacin canjin hannu ba fanshon Kes ba ne, haƙƙin daɗewa ne. Ranar da ma'aikaci zai tafi ritaya akwai kuɗin sallama da mai aiki ke biya, ba Kes ba, kuma da yawan shekarun da ka yi a wannan gida ake lissafa shi. Haka ma ƙarin daɗewa da ke cikin albashi kowane wata. Dokar ƙwadago ta 2012, lamba 2012-45 ta 25 ga Satumba, ta ce idan matsayin mai aiki ya canza, ko ta gado, ko sayarwa, ko haɗe kamfani biyu, kwantiragin ma'aikata na nan daram tsakaninsu da sabon mai wuri. Ma'ana wanda ya karɓi gida ya karɓe ka da shekarunka. To ina ake yi wa mutane wayo? Sai a kawo takardu a ce sabon tsari ne, kowa ya sa hannu. Ta farko ta ce ka ajiye aiki da kanka kuma ka karɓi duk haƙƙinka. Ta biyu sabon kwantiragi ne mai kwanan watan yau. Ka sa hannu cikin minti biyu a kan bonet ɗin mota, ka yafe shekara 23 da alƙalaminka. Abokan aikinka masu cewa sifili, a nan ne maganarsu ke iya zama gaskiya. Malam Magazinye, an kawo maku wata takarda?

Magazinye_Bilbis: An ce za a kawo ƙarshen wata. Sun ce ta sabunta dosiye ce kawai.

Tsohon_Delege: To mai yiwuwa ta sabunta dosiye ce da gaske, ba na zargin kowa. Amma ka karɓa ka tafi da ita gida, ka kwana da ita. Ka nemi layin da aka rubuta ranar fara aiki. In ka ga 2002, madalla. In ka ga 2025, kada ka sa hannu, ku ɗauki delegenku ku tafi wurin sufeton ƙwadago. Kyauta ne, aikinsa ke nan.

Matashin_Ader: Ni fa ban gane ba. Shekara da shekaru muna kuka baƙi sun mallake arzikinmu, yau ƙasa ta karɓi abinta kuma sai a zauna ana tsorata mutane? Kamfanin SOMAÏR tun 1971 yake haƙar uranium a Arlit, a da Faransawa na da kashi 63 da ɗoriya, mu masu ƙasa kashi 36 da ɗan abu. Ranar 19 ga Yuni 2025 aka ce ya isa, ƙasa ta karɓe shi. Wannan abin alfahari ne. Gwamnati uwa ce, ba za ta cinye haƙƙin ɗiyanta ba.

BaArlit: Ƙanena Matashi, ba wanda ya ce ba abin alfahari ba ne. Ni a Arlit aka haife ni, ƙurar can na shaƙa na girma. Amma alfahari daban, takarda daban. Lokacin da aka rufe kamfanin uranium na COMINAK a Akokan ranar 31 ga Maris 2021, ma'aikatan kamfanin wajen 600 an yi masu tsarin sallama. Amma akwai wasu ɗaruruwa da ke shiga rami ɗaya da su, suna cin ƙura ɗaya, sai dai sunansu na wurin ƴan kwangila. A idon doka patoronsu ɗan kwangila ne, ba kamfani ba. Shi ya sa nake cewa duk wanda ke aiki a wurin da gwamnati ta karɓa, tambaya ta farko da zai yi wa kansa ita ce, sunan wa ke saman bilitin ɗina? In sunan ɗan kwangila ne, karɓar gwamnati ba ta taɓa kwantiraginka ba sam, kuma shi ne zai kai maka kuɗi Kes ko ya ƙi.

Mushe_Lakwal: Matashi, uwa ce, gaskiya, amma uwa mai ɗiya da yawa. Ka tambayi malaman kwantiragi yadda ake jiran kuɗin wata. Ba zagi ba ne, kowa ya sani.

Matashin_Ader: To ai gara jinkirin gida da wulaƙancin baƙo.

Admin_Zaure: Jama'a a yi hattara. Baba tambayar ritaya ya yi, ba ta siyasa ba. Mai son waccan muhawara ya buɗe nata zaren. A dawo kan magana.

Kwantabil_Yamai: Na gode Admin. Amma misalan da suka kawo suna da amfani, don karɓar gwamnati ba iri ɗaya ba ce. Akwai inda hannun jari kawai ke komawa wurin ƙasa, kamar yadda aka sanar kan SOMAÏR da NIGELEC. Akwai kuma inda ake kafa sabon kamfani ya maye gurbin tsoho. Ruwan famfo misali: SEEN ta riƙe tun 2001, kamfanin Veolia na Faransa na da kaso mafi yawa a ciki, daga farkon 2024 NDE ta karɓa. Ko SONITEL ta tarho, da aka sayar a 2001, ƙasa ta dawo da ita hannunta, sannan a 2016 aka haɗe ta da SahelCom aka samu Niger Telecom. In kamfanin bai canza ba, bashinsa na kansa, har da na Kes, mai shi ne kawai ya canza. In sabo ne aka kafa, dole a duba takardar miƙa hannu a ga wa ya ɗauki tsohon bashi. Alhaji, ku lura da hatimin da ke kan bilitin ɗin wannan wata. Sunan da ne ko sabo? Lambar mai aiki ta Kes, ita ce ko an canza?

Dan_Konni: Ni abin da ke ba ni mamaki, me ya sa ba za a yi irin na Najeriya ba? Yayana na aiki Sakkwato. Tun dokar 2004, zamanin Obasanjo, kowane ma'aikaci asusunsa daban da sunansa. Da aka gyara ta a 2014 ma'aikaci na zuba kashi 8, mai aiki kashi 10. Saƙo na shigo masa a waya ya ga abin da ya taru. Ko kamfani ya mutu ko gwamnati ta karɓa, kuɗinsa na nan. Mu nan sai ka tsufa ka je a ce maka babu.

Kwantabil_Yamai: Dan_Konni, tsari biyu ne daban. Namu kamar adashi ne mai tsawo: abin da masu aiki ke zubawa yau da shi ake biyan tsofaffin yau, gobe na baya su biya mu. Ba tulu ne da aka rubuta sunanka aka aje ba. Amfaninsa, in ka cika sharaɗi ana biyan ka har ƙarshen rai, ko ka kai 95. Na Najeriya abin da ka tara shi ne naka, kuma in naira ta faɗi ya faɗi da ita. Can ma in mai aiki ya yanke bai zuba ba, asusun wayam yake. Inda na yarda da kai shi ne saƙon waya. Da ma'aikaci na ganin zubinsa kowane wata, da mahaifin Maman_Hadiza ya gane tun shekarar farko.

Bakano_a_Yamai: Dan_Konni, kada ka ɗauka can aljanna ce. Ni ɗan Kano ne, kasuwanci ya kawo ni Yamai. Nigeria Airways kamfanin gwamnati ne ɗungurungum, aka rushe shi zamanin Obasanjo, ma'aikatansa suka yi ta jira har sai 2018 gwamnatin Buhari ta amince a fitar masu da sama da naira biliyan 22, shi ma wani kaso ne na haƙƙinsu. Da yawa sun rasu ba su gani ba. Tun kafin nan ma, a shekarun 1970 da jihohi suka karɓe makarantun mishan, irin tambayar Baba ce malamai suka yi ta yi: shekarun da na koyar kafin gwamnati ta zo, za a ƙirga ko ba za a ƙirga ba? Tsohuwar magana ce, duk inda aka canza hannu sai ta taso.

Mushe_Lakwal: Tunda an taɓo makaranta bari in faɗi nawa. Na koyar shekara 9 a wata lakwal mai zaman kanta, daga baya na samu matirkil na shiga aikin gwamnati. Yanzu kashi 6 ake yanke mini, CARENI nake. Na ɗauka shekara 9 ɗin za su biyo ni da kansu kamar inuwa. Ashe tukunya biyu ce, kowace da murfinta. Waɗancan na Kes, waɗannan na CARENI. Shi ya sa nake ce wa abokan aikin Baba masu murnar zama fonksiyoner, ku yi tunani. Mutum mai 57, in ma an ce ya koma wancan asusu, shekara uku me za ta tara masa? Zamansa a Kes shi ne alheri gare shi.

Hajiya_Wadata: Ku maza kuna ta lissafin shekaru, ba wanda ya tuna da mu. Malam Magazinye, Allah ya ba ku tsawon rai, amma rai na hannun Allah. Matanku nawa, kuma kowace na da takardar aure ta meri? Maigidanmu da ya rasu mu biyu ya bari. Ni aurena an rubuta shi, abokiyar zamana kuwa fatiha kawai aka shafa a garinsu, goro da dabino, shekara 14 tana gidan da ɗiya huɗu. Rabin fanshon mamaci ne ake ba mata su raba daidai, marayu kuma da nasu kaso. Amma sai da takarda. Wata takwas muka yi muna neman shaidu, muna hawa kotu, kafin alƙali ya ba ta takardar da ta tsaya a madadin ta aure. Ni na riƙa raka ta, don ba zan iya cin kuɗin ita tana kallo ba. In za ku Kes gobe, ku duba har da sunayen iyali da ke cikin dosiyenku. Sabbin masu wuri ba su san matanku ba, abin da ke rubuce shi za su bi.

Magazinye_Bilbis: Hajiya, kin faɗi abin da ban taɓa kawowa a rai ba. Biyu ne. Ta farko da takarda, amarya babu, kuma ɗiyanta biyu na ƙarshe ban kai takardun haihuwarsu ba. Allah shi saka miki.

Almajirin_Malam: Tambaya a kan maganar Hajiya. Wannan kuɗi da ake ba matan mamaci, ba gado ba ne? In gado ne ai rabon Allah ya kamata a bi, mata tumuni, sauran na ɗiya da iyaye.

Hajiya_Wadata: Mun kai wa malamin unguwarmu wannan tambaya lokacin. Ya ce abin da mamaci ya mallaka kafin ya cika, kamar albashin da bai karɓa ba, shi ne ke shiga gado. Wanda hukuma ke bayarwa bayan rasuwa da sunan wance da wane, na wanda aka ambata ne. Haka muka bi. Amma kowa ya tambayi malaminsa.

Almajirin_Malam: Na ji wasu malaman na cewa tunda daga albashinsa aka yanka, akwai haƙƙin magada a ciki. Zan ƙara bincike.

Injiniya_Talladje: Ina so in dawo kan lissafi, don akwai abin da ba a faɗa ba. Kes na da rufi: albashin da ake yanka a kansa bai wuce jika 500 a wata. Mai ɗaukar miliyan ɗaya da mai jika 500 zubinsu ɗaya, sefa 26.250. Saboda haka manyan kamfanoni da yawa ke yi wa ma'aikatansu ƙarin ritaya a kamfanin inshora, wasu har da katin likita. Wannan ba dokar Kes ba ce, yarjejeniya ce ta cikin gida. In gwamnati ta karɓi wuri, wa zai ci gaba da zuba wannan? Abin da aka riga aka tara yana wurin mai inshora, a nemi takardarsa. Amma ci gaban zubi da katin likita, in ba a rubuta su cikin takardar miƙa hannu ba, suna iya tsayawa shiru ba wanda ya sanar da kai, sai ranar da ka kai yaro asibiti aka ce katin bai aiki.

Maman_Hadiza: Injiniya, wannan matsalar manya ce. Mu namu ko na dokar ba a kai ba.

Injiniya_Talladje: Gaskiyarki ne yaya, ban musa ba. Amma akwai wadda ta shafi ƙanana fiye da kowa: rage albashi a takarda. Mutum na ɗaukar jika 150, a rubuta wa Kes 42, wato mafi ƙarancin albashi, sauran a ba shi a hannu a ce alawus. Yana murna ba a yanke masa da yawa ba. To fansho da albashin shekarun ƙarshe ake lissafa shi, wanda aka rubuta, ba wanda aka ba ka a ambulan ba. Baba na cikin shekarun da suka fi kowane muhimmanci yanzu. In sabbin shugabanni sun zo da gyaran albashi, ya lura da abin da ake kai wa Kes.

Dan_Garkawa: To wai in an samu giɓi, laifin ma'aikaci ne? Shi an yanke masa. Me ya sa shi zai ɗauki asara?

Tsohon_Delege: Ba laifinsa ba ne, kuma doka mai aiki take bi, har da tara ta jinkiri. Kes na da masu bincike da ikon tilasta biya. Amma sai an san da giɓin, kuma sai akwai wanda za a kama. Shi ya sa lokacin canjin hannu ya fi kowane lokaci. Yanzu ne ake lissafin abin da tsofaffin masu wuri suka bari da abin da ake bin su. In akwai diyya da ƙasa za ta ba su, yanzu ne ma'aikata za su tashi su ce a cire bashin Kes da haƙƙinmu kafin a miƙa masu ko dala. In an riga an sallame su sun tafi, sai bin sawu a kan dutse. Kada ka tafi kai kaɗai Malam. Ku haɗu duka, kowa ya ciro relebensa, a yi jeri ɗaya, delege ya kai wa sabon darakta da sufeton ƙwadago, a buga maku hatimin karɓa a kan kwafinku. In kuna da sandika, USTN ko CDTN ko wadda kuke ciki, ku sanar da su.

Matashin_Ader: Wannan na yarda da shi ɗari bisa ɗari. A cire haƙƙin talaka kafin su tafi da ko tamma.

Magazinye_Bilbis: Salamu alaikum, na dawo. Na tafi tun bakwai da rabi, na kai lamba ta shida a layi. Yaron da ya karɓe ni ya yi mini kirki ƙwarai, ya fitar da takarda shafi uku. Da dare munka shimfiɗa tabarma da babban ɗana, na ɗauko tsohuwar jakar da nike aje bilitin, wasu har sun yi ja, gara ta ci gefen na 2005. Shina karantawa ina dubawa da fitilar waya. Daga 2002 har 2016 ba abin da ya ɓace, wata bayan wata. 2017 babu wata shida. 2018 babu gaba ɗaya. Daga 2019 an ci gaba, amma 2024 wata huɗu na ƙarshe babu. Jimla wata 22. Kuma duk watannin nan bilitin ya nuna an yanke. Na tuna 2018, shekarar da anka ce mana kasuwa ta faɗi, munka yi haƙuri da jinkirin albashi, har muna tausaya ma mai wurin. Na gaya ma abokan aiki, mutum tara sun ce za su tafi ranar Litinin. Takardar ƙarshen wata ba ta iso ba tukuna. Hatimin bilitin kuwa, Kwantabil, sunan da ne, lambar ma ita ce.

Kwantabil_Yamai: To Alhaji, kamfanin bai mutu ba ke nan, bashin wata 22 na wuyansa, ko wa ke riƙe da shi yau. Da abin da ke rubuce ma kun tara shekaru masu yawa, amma kowace shekara na ƙara nauyin fansho, kada ku yafe ko wata ɗaya. Ku yi fotokofi na bilitin 22 ɗin nan, na asali kada su bar gidanku, ko wa ya ce ku ba shi.

Maman_Hadiza: Allah ya sa ku dace Baba. Wata huɗun 2024 ne suka fi tsaya mini a rai, tunda Injiniya ya ce shekarun ƙarshe ake dubawa.

Mushe_Lakwal: Masu gadi da leburorin wurinku fa? Su ne galibi ba su da bilitin ma sam. A sa su cikin jerin.

Magazinye_Bilbis: Akwai su biyar. Biyu na da kati, uku ba su taɓa ganin lambarsu ba, ɗaya cikinsu ya riga ni shiga wurin. Tsohon_Delege, shi wanda ba shi da ko takarda ɗaya, da mi za shi tabbatar da shekarunshi?

Tsohon_Delege: Da rajistar ma'aikata ta gidan in tana nan, da littafin da suke sa hannu in sun karɓi kuɗi, da shaidarku ku da kuka tarar da shi. Ka ce magazinye kake: tsofaffin takardun shiga da fitar kaya da mai gadi ke sa wa hannu a bakin ƙofa, suna sito? Ka duba tun kafin a ce za a share ɗakin a zubar da tsofaffin kwalaye. Ka turo mini saƙo ta gefe, in rubuta maku yadda wasiƙar sufeto za ta kasance.

Magazinye_Bilbis: Suna nan, kwali bakwai bayan buhunan siminti. Gobe in Allah ya kai mu zan buɗe su.